Da Wane Ma'auni Za a Auna Orlando Martins?

Duk wanda ya tashi yana kallon fim ya san wannan mutumin, ko da bai taɓa riƙe sunansa ba. Shi ne uban yarinya da ke cewa bai yarda ba, shi ne boka, shi ne maigari, shi ne mai gadin da ke buɗe ƙofa ya faɗi magana biyu ya koma. Ba a sa hotonsa a fosta, ba a rera masa waƙa, ba ya auren kowa a ƙarshen labari. Amma a cire shi a gani, sai jarumi ya tsaya tsakiyar fili kamar angon da abokansa suka watse suka bar shi.

A tarihin Nijeriya, wanda ya fara yin suna a duniya da irin wannan aiki shi ne Orlando Martins. An haife shi a Legas ranar 8 ga Disamba 1899, ya rasu a can ranar 25 ga Satumba 1985, kuma kusan shekara 40 na rayuwarsa a Ingila ya yi su. Idan aka tayar da zancensa yau, mutane kashi biyu suke rabuwa. Wasu su ce ai shi ne tauraron Nijeriya na farko a finafinan Turawa, har su ɗora masa rawanin da bai taɓa naɗawa ba. Wasu kuma su taɓe baki su ce ɗan kore ne kawai, wanda Turawan mulkin mallaka suka riƙa sa wa fatar damisa da gashin tsuntsu don su nuna wa duniya cewa mu 'yan daji ne. A ganina duka biyun sun ɗauko mudun da ba nasa ba. Martins mai sana'a ne, sana'arsa kuwa ita ce rufa wa jarumi baya, kuma wannan sana'a tana da ƙa'idojinta da za a iya dubawa ɗaya bayan ɗaya a ga ko mutum ya iya ko bai iya ba.

Ya isa Landan a 1919 ba da niyyar wasa ba. Yunwa ce ta kai shi ƙofar gidan wasa, inda ake ɗaukar baƙaƙen fata su tsaya a baya su cika fili, a sallame su a ranar. Tsakanin wannan aiki da wancan ya yi dako, ya yi shara, ya yi kokawa, har wasa da maciji ya yi a dandalin nishaɗi. A 1935 ya samu fitowa a Sanders of the River, fim ɗin yabon mulkin mallaka da Zoltan Korda ya ba da umarni, wanda Paul Robeson, baƙar fatar Amurka mawaƙi kuma ɗan wasa, ya ja, wanda kuma Jomo Kenyatta, da yake ɗalibi a Landan a lokacin kafin ya zama shugaban Kenya, ya fito a cikinsa a matsayin wani ƙaramin basarake. A Maris ɗin 1936 ya sake haɗuwa da Robeson a kan dandamali, a wasan da C. L. R. James ya rubuta kan juyin juya halin bayin Haiti, inda ya fito a matsayin Boukman, ɗaya daga jagororin tawayen. Sau biyu kacal aka nuna wasan. A riƙe wannan: mutumin da ake cewa ɗan kore ne, shekara ɗaya bayan fim ɗin yabon mulkin mallaka yana kan daɓe yana kiran bayi su tashi su yi tawaye. Ɗan wasa irinsa inda aka kira shi nan yake zuwa.

To mene ne ainihin aikin? A gidajen wasa na tsakiyar Landan a wancan zamani, ana yin rihazal na mako 3 zuwa 4, sannan idan wasa ya karɓu a riƙa nuna shi sau 8 a mako, dare 6 da rana 2, wata da watanni. Babu makirufo a jikin kowa. Muryarka ce za ta kai ga mutumin da ke zaune a kujerar ƙarshe ta bene, kuma ba da ihu ba, don mai ihu ba ya kai Laraba muryarsa ta dushe. Daga ciki ake ɗauko numfashi, a fitar da ƙarshen kowace kalma sarai, domin ƙarshen kalma ne ke fara ɓacewa a babban zaure. Martins ƙato ne mai kauri da zurfin murya, wannan kyauta ce daga Allah, amma sarrafa ta sau 8 a mako ba kyauta ba ce, horo ne.

Abin da ya fi muryar wuya shi ne lokacin da ba ka magana. Mai rufa wa jarumi baya yakan yi minti 40 a kan dandamali da layi 5 kacal a bakinsa. Sauran lokacin sauraro yake yi, kuma 'yan kallo suna ganinsa. In ya sake jiki ya tafi tunanin kuɗin haya, ɓangaren da yake tsaye ya mutu. In kuma ya cika motsi, yana sosa ƙeya, yana gyara hula, sai ido ya bar mai magana ya koma kansa, ya saci wasan da ba nasa ba. Akwai ma wata tsohuwar mugunta da 'yan wasa suka sani: ka ja da baya taku biyu zuwa cikin dandamali, dole abokin maganarka ya juya ya ba jama'a ƙeya kafin ya dube ka. Wanda aka kama yana haka da gangan, ba a sake kiransa. Haka ma dariya, tana da lissafi. In abokinka ya faɗi abin dariya, ba za ka jefa taka maganar nan take ba, za ta nutse; ba kuma za ka jira zaure ya yi tsit ba, wasan zai yi sanyi. Sai dariyar ta kai ƙololuwa ta fara saukowa, a nan ake shiga. Kowane dare kuwa tsawonta daban.

Kyamara kuma kusan duk abin da daɓe ya koya maka sai ta ce ka rage. A lokacin da fim ake ɗauka na gaske mai faɗin milimita 35, hoto 24 a kowane sakan, gwangwani mai ƙafa 1,000 ba ya wuce minti 11. Kowace ƙafa kuɗi ce. Kamfani kan wuni cur ya tashi da minti 2 ko 3 na abin da za a gani a majigi. Ana fara ɗaukar sin gaba ɗayansa daga nesa, a dawo a ɗauki fuskar wannan, a juya fitilu a ɗauki fuskar wancan. Saboda haka in ka ɗaga kofi da hannun dama a kan wata kalma da safe, dole ka ɗaga shi da hannun dama a kan wannan kalmar da la'asar, in ba haka ba mai tacewa ba zai iya haɗa hotunan ba. Kuma da zai zaɓi wanda zai yanke, ba jarumi zai yanke ba. A ƙasa akwai alamar alli inda za ka tsaya, ba a yarda ka dube ta ba, kuma idan kyamara ta matso kusa, kaucewar da ba ta kai tafin hannu ba ta isa ta sa fuskarka ta yi dishi-dishi. Jarumi in ya yi kuskure a sake, har sau 10 ma. Mataimaki in ya sa aka sake sau 3, mataimakin darakta ya riga ya rubuta sunansa a zuci.

Baƙin ɗan wasa yana da ƙarin wani kaya a kansa wanda masu sukar Martins ba sa lissafawa. Fim ɗin wancan zamani da yadda ake auna haske duk a kan farar fata aka gina su. Farar fata tana mayar da haske ninki biyu ko fiye na abin da baƙa ke mayarwa. To idan Bature da baƙi suka tsaya a hoto ɗaya aka auna haske da fuskar Baturen, wanda kullum haka ake yi tunda shi ne jarumi, sai fuskar baƙin ta zama inuwa, ba a ganin komai sai fararen idanu da haƙora. Mai ɗaukar hoto mai kirki yakan keɓe masa ƙaramar fitila tasa, a shafa masa mai a goshi da kumatu don fatar ta kama haske. Amma wannan fitilar wuri ɗaya take haskawa. Ka karkata kaɗan, ka fita daga cikinta, duk abin da fuskarka ke faɗa ya tafi a banza. Wanda ya kalli finafinan nan ya ga baƙaƙen 'yan wasa suna zare ido, suna tsayuwa ƙiƙam, ya sani cewa wani ɓangaren laifin marubuci ne da darakta, wani ɓangaren kuwa na fitila ne. A finafinai masu launi na Technicolor, irin su Men of Two Worlds na 1946 inda Martins ya fito a boka Magole, hasken da ake buƙata ya ninka, zafin ɗakin ɗauka kamar gidan burodi, ga kayan boka a jiki.

Wurin da ya kamata a tsaya a dube shi da kyau shi ne The Hasty Heart, wasan John Patrick. Martins ya yi shi a kan daɓe a Landan a 1945, ya sake yin sa a fim a 1949 tare da Ronald Reagan da Patricia Neal da Richard Todd. Labarin a wani asibitin sojoji ne a Bama, wato Myanmar ta yau, a ƙarshen yaƙin duniya na biyu. An kawo wani sojan Sukotlan mai taurin kai da girman kai, ƙodarsa ɗaya ta tafi, ɗayar ma tana mutuwa, saura masa 'yan makonni, shi kuma bai sani ba. Likita ya roƙi sauran majinyatan ɗakin su ja shi a jiki. Cikinsu akwai wani sojan Afirka, Basoto, wato ɗan ƙasar Lesotho ta yau, wanda ba ya jin Turanci, suna kiransa Blossom, kuma kusan wannan sunan ne kaɗai abin da ke fita daga bakinsa tun daga farko har ƙarshe.

A takarda, wannan rol cin fuska ne. Ƙaton baƙi, ba baki, an laƙaba masa sunan fure. Ba na musun haka. Amma a duba inda marubucin ya rataye labarin. Da sojan nan ya gano gaskiya, sai ya yi fushi da kowa, ya ce ashe duk abotar tausayi ce, ba ya so. Yana haɗa kayansa zai tafi, sai Blossom ya zo ya miƙa masa wata sarƙar duwatsu, kyauta. Ya ture. A nan ne aka tuna masa cewa wannan mutumin ba ya jin abin da ake faɗa, bai san zai mutu ba, don haka kyautarsa ba ta tausayi ba ce. Duk ginin wasan a kan wannan miƙa hannu yake tsaye. Kuma ba zai yi aiki ba sai idan tun awa ɗaya da rabi da ta wuce mai wasan Blossom yana ta gina abu ɗaya a idon 'yan kallo ba tare da kalma ba: cewa mutumin nan yana kallo, yana fahimtar fuska ko da bai fahimci harshe ba, kuma yana da mutunci. In ya yi shi kamar wawa, kyautar ta zama abin dariya. In ya nuna alamar ya san sirrin, hujjar ta rushe. Tsakanin waɗannan ramuka biyu akwai siririyar hanya, kuma a kanta Martins ya bi, dare bayan dare a daɓe, sannan a gaban kyamara a ɗakin ɗaukar fim na Elstree cikin hunturun Ingila, su duka sanye da 'yan kayan asibiti marasa nauyi suna nuna wai zafin Bama ya dame su. Richard Todd, wanda ya fito a sojan Sukotlan ɗin, ya shiga jerin 'yan takarar Oscar da wannan fim. Hannun da aka miƙa masa sarƙar da shi na ɗan Legas ne.

Af, ga wani abu da ke ci mini rai duk lokacin da na tuna wannan wasa. Marubucin ya ɗauko sojansa daga kudancin Afirka, alhali dubban 'yan Afirka ta Yamma ne suka yi yaƙin Bama a runduna ta 81 da ta 82, da yawansu daga Arewacin Nijeriya, da Hausa suke magana a bariki da daji. Kakannin wasu masu karanta wannan rubutu sun kwanta a irin wannan asibiti. Finafinan Turawa na wancan yaƙi kusan ba su san da su ba. Kusan fuska ɗaya tilo da ta tsaya a madadinsu a majigin duniya a waɗannan shekaru ita ce ta Martins, ita ma an rufe mata baki.

Yanzu ga maganar masu suka, kuma ba ƙarama ba ce. Sanders of the River fim ne na wanke mulkin mallaka, a Nijeriya aka ce labarin ya faru, kuma saƙonsa shi ne ba za mu zauna lafiya ba sai da Bature a kanmu. Robeson da kansa ya yi tir da shi bayan ya ga yadda aka tace shi. Simba na 1955, wanda Dirk Bogarde ya ja, ya nuna gwagwarmayar Mau Mau ta Kenya a matsayin haukan kisa, Martins kuwa shi ne dattijon gari a ciki. Ya fito a fim ɗin Tarzan a 1957, nan ma sarkin ƙauye. Waɗannan hotuna sun yi mana illa, sun zauna a kawunan mutanen da ba su taɓa taka Afirka ba, kuma fuskar ɗan Nijeriya ce ta ba su kamannin gaskiya. Wanda ya ce ba komai, bai faɗi gaskiya ba.

Sai dai a tambaya, wa ke da ikon cewa a'a? Robeson ya iya juya wa fim baya saboda yana da murya da ke cika zauren waƙa a ko'ina, yana da digirin lauya, sunansa kaɗai na sayar da tikiti. Mai rufa baya ba shi da kwantiragi na shekaru kamar taurarin kamfani. Ana ɗaukarsa na kwana 3, ko mako 2, a biya shi na kwanakin, shi ke nan. In fim ya yi shekara 20 yana kawo kuɗi, ko sisi ba ya ƙara gani. Sau da yawa ma ba a ba shi labarin gaba ɗaya, shafukan da yake ciki kawai ake miƙa masa, kuma ma'anar fim a ɗakin tacewa ake ƙulla ta, watanni bayan an sallame shi. Idan Robeson da girmansa bai san abin da za a yi da hotonsa ba sai ranar da aka haska, ina ga wanda sunansa ke can ƙasan jeri? Sannan rol nawa ne ake rubuta wa baƙi a Ingila a shekara? 'Yan kaɗan, kuma mafi tsokar cikinsu Turawa ne ke shafa baƙin fenti su karɓe; har a 1965 haka Laurence Olivier ya yi Othello a fim. Abin da ya rage wa su Martins da Robert Adams da Earl Cameron shi ne sarki, boka, bawa, matuƙin kwalekwale. In ka ƙi, gobe wani zai karɓa, kai kuma ka koma shara. Abin da ke hannun ɗan wasa shi ne yadda zai tsaya, yadda zai dubi Baturen da ke ba shi umarni, ko zai bar wa mutumin da yake wakilta ɗan nauyi ko zai mai da shi abin wasan yara. Da wannan ya kamata a tuhume shi ko a wanke shi, sin bayan sin, kuma ni a abin da ya rage na aikinsa na fi ganin nauyi fiye da wauta.

Masu kambama shi ma su sassauta. Kiransa tauraron Hollywood ba girmamawa ba ce, rage masa daraja ne, don yana nuna cewa ba mu ga abin yabo a aikin da ya yi na zahiri ba sai mun ƙirƙira masa wani. Akasarin finafinansa na kamfanonin Ingila ne, kuma bai taɓa jan fim ba. Abin da ya yi shi ne ya shekara sama da 30 ana kiransa ana sake kiransa a masana'antar da ba ta yafe wa mai makara ko mai manta layi, ballantana baƙi. Ya dawo Legas a 1959, ya ci gaba da fitowa jefi-jefi, ya kuma kai ga shiga finafinan farko na 'yan ƙasa, Kongi's Harvest a 1970 da wanda aka gina kan littattafan Chinua Achebe a 1971. Sai da ya haura shekara 70 kafin ya tsaya gaban kyamara a labarin da ɗan ƙasarsa ya rubuta. Lambar girmamawa ta ƙasa kuwa sai a farkon shekarun 1980 ta iso, yana dab da kabari.

Abin da ya sa zancen bai tsufa ba shi ne tsarin da ya matse shi yana nan a gidanmu, ba Bature ko ɗaya a ciki. A finafinan Hausa, dattawan da ke fitowa a uwa da uba da malam da maigari su ne ke sa gida ya yi kama da gida. Da yawansu daga wasan daɓe da rediyo da talabijin suka fito, makarantar da ta ba mu su Kasimu Yero da Samanja, shi ya sa za ka ga sun iya sauraro, sun san lokacin shiga magana, abin da sabon jarumi mai mabiya miliyan a Instagram bai koya ba tukuna. Amma har yanzu da sin ake lissafa musu, a tara musu fitowa biyar a wuni ɗaya a sallame su da yamma, babu takarda, babu kaso idan fim ya ci kasuwa ko ya shekara yana tara masu kallo a YouTube. Hayaniyar da ta tashi a 2022, bayan wata dattijuwar 'yar wasa ta faɗi abin da ake ba ta a hira da BBC Hausa, ta ƙare ne a musun ko dubu nawa ne, aka bar ainihin batun. Gyaran ba ya buƙatar taro a otal: takarda shafi ɗaya mai ɗauke da yawan kwanaki da kuɗin kowace rana da ranar biya, mafi ƙarancin abin da za a ba mai magana a fim, wanda ƙungiya ta tsayar, cikakken labari a hannun duk wanda zai faɗi ko da layi ɗaya, kwana biyu kafin a fita lokeshan, don ya san abin da ake ƙullawa da fuskarsa, da cikakken sunansa, a rubuce daidai, a jeren ƙarshe.

Sai kuma adana aikin kansa. Wasan da Martins ya yi a daɓe ya tafi tare da waɗanda suka gani, babu mai dawo da shi. Finafinansa na Ingila suna nan saboda can an ajiye su a ɗakuna masu sanyi. Na gida su ne abin tsoro. Fim na roba in ya zauna cikin zafi da laima yakan fara ruɓewa daga ciki, ya riƙa warin tsami kamar ruwan kal, ya ƙanƙance, ya lanƙwashe har na'ura ta kasa jansa, kuma gwangwani ɗaya da ya kamu yana shafa wa na kusa da shi. Shaihu Umar na Adamu Halilu, na 1976, an ɗauka ya ɓata, sai a 2016 aka tsinci gwangwanayensa a ma'ajiyar Hukumar Finafinai ta Nijeriya, aka kai Jamus aka gyara, aka haska shi a bikin finafinai na Berlin a 2018. Ma'ajiyar finafinai ta ƙasa tana Jos. Ɗalibin da ke koyon wasa a can, ko a Zariya, ko a Kano, ya kamata a ce akwai ranar da malami zai kashe sauti, ya haska masa wurin miƙa sarƙar nan sau uku a jere, ya ce masa kada ya dubi mai magana, ya dubi ƙaton da ke tsaye a gefe.